Sunan wa gawo ya ɗauka?

Ƴan makaranta, kowane icce na dajinmu yana da suna biyu ko fiye. Akwai wanda iyayenmu ke kiran shi da shi: gawo, kuka, ɗorawa, kaɗanya, sabara. Akwai kuma wanda masana na duniya duka sunka yarda da shi, wanda ake rubutawa da Latinanci. In kun buɗe littafin ilimin tsirrai, za ku tarar kuka ta zama Adansonia digitata, ɗorawa ta zama Parkia biglobosa, gawo kuwa Faidherbia albida. Ku dubi kalmomin farko da kyau. Sunayen mutane ne ke ɓoye ciki: Adanson, Park, Faidherbe. Ukun nan duka Turawa ne. To, mu koyi waɗannan sunaye, ko ko mu nemi a goge su? Ni a ganina mu koye su, mu san tarihin masu su, amma kada mu ɗauka duk wanda sunanshi ya hau icce ya cancanci yabo.

Bari mu fara da mafarin abin. Iccen da muke ce ma kuka, Fulani na ce mashi ɓokki, Faransawa na ce mashi baobab. In masanin Yamai ya rubuta ma masanin Indiya takarda, da wane suna za su gane juna? Don kau da wannan ruɗani ne wani masani ɗan ƙasar Suwidin, mai suna Linne, ya tsara hanya a shekarar 1753. Kowane tsiro ya samu kalma biyu. Ta farko sunan dangi ce, ta biyu sunan yanka. Daga baya anka yi ma dabbobi haka nan.

Wanda ya fara bayyana kamannin tsiro a rubuce, ya ajiye busasshen reshenshi inda kowa zai iya dubawa, shi ke raɗa mashi suna. Bisa al'ada ba ya sa sunan kanshi. Yakan sa na malaminshi, ko na abokin aiki, ko na wanda ya tsinko tsiron. In kun ga kalma ta ƙare da -ia, ko -i, ko -ii, sau da yawa mutum ne aka girmama. Akwai kuma doka: in suna biyu sunka haɗu bisa tsiro guda, wanda ya riga shi ake riƙewa. Shi ya sa kaɗanya, wadda anka daɗe ana kira Butyrospermum parkii, ta koma Vitellaria paradoxa, don wannan sunan ya girmi wancan.

Yanzu mu dubi mutanen ɗaya ɗaya.

Adanson Bafaranshe ne, an haife shi a 1727. Ya sauka Senegal a 1749 yana saurayi, ya yi wajen shekara biyar yana yawon daji. Ya koyi yaren Wolof, ya tara tsirrai da katantanwa da kifaye, ya auna kaurin kuka, ya rubuta kamanninta. Linne ne ya sa ma kuka sunanshi. Abin sha'awa, shi Adanson ya fi son a riƙe sunayen da mutanen ƙasa ke kira. Ku dubi sabara: Guiera senegalensis. Kalmar farko daga sunanta na Wolof ta fito, kuma Adanson ne ya ɗauko ta. Irin wannan mutum, yabon gwani ya zama dole.

Mungo Park likita ne daga Sikotland. Ya ga kogin Kwara a Segu a 1796, ya ba da labarin kaɗanya da man kaɗe cikin littafin tafiyarshi. Ya sake dawowa, ya mutu cikin kogin a Busa a 1806. Shekara 20 bayan haka anka sa ma ɗorawa sunanshi. Clapperton kuwa ya zo Kano da Sakkwato a 1824, ya gana da Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, ya mutu kusa da Sakkwato a 1827. Wata irin fakara ta ƙasarmu tana ɗauke da sunan clappertoni. Waɗannan matafiya ne. Sun tara tsirrai da tsuntsaye a kan hanya, sun sha wahala, amma aikinsu na farko shi ne binciken hanyoyi da kasuwanni don amfanin Ingila.

Akwai wani likita kuma, Dalziel, wanda ya yi aiki a arewacin Najeriya. Ya bi manoma da masu magani yana tambaya, har ya buga littafin sunayen tsirrai da Hausa a 1916. Iccen hano, wanda wasu ke kira ararrabi, shi ne Boswellia dalzielii. Da yawa daga cikin sunayen da tsofaffi sunka faɗa mashi, da ba a rubuta su ba da yanzu wasu sun ɓace.

Sai gawo. Kun san shi sarai. Shi ne iccen da ke zubar da ganye da damina, ya bar hatsi ya sha rana, sa'an nan ya yi kore da rani, ya ba bisashe inuwa da abinci. Sarakunan Damagaram na da sun hana a sare shi. Da farko sunanshi Acacia albida. A 1934 wani masani Bafaranshe, Chevalier, ya ga ya bambanta da danginshi, ya ware shi, ya raɗa mashi Faidherbia. Wane ne Faidherbe? Soja ne, gwamnan Faransa a Senegal daga 1854 zuwa 1861, da kuma daga 1863 zuwa 1865. Shi ya kafa rundunar sojan baƙar fata a 1857 don cin ƙasashe da yaƙi. Ya yaƙi Alhaji Umaru Futi, wanda ya taɓa zama Sakkwato wurin Bello. Ba masanin itatuwa ba ne. Mulki ne ya kai sunanshi bisa gawo.

Kun ga ke nan jerin nan ya haɗa masani, da matafiyi, da mayaƙi. Littafi ya jera su sahu guda, amma mu bai kamata mu jera su haka ba.

Akwai abin da ya fi wannan ciwo. Baƙo bai san daji ba. Wa ya nuna mashi hanya? Wa ya ce mashi wannan saiwa magani ce, waccan dafi ce? Wa ya ɗauki kaya, ya hau icce ya tsinko fure? Barth, Bajamushe, ya zo Agadas a 1850, ya bi ta Tasawa da Kano a 1851, ya sauka Damagaram a ƙarshen 1852. Cikin masu yi mashi hidima akwai wani yaro Bahaushe, Dorugu, ɗan wajen Kance. Ya bi shi har Tumbutu, ya bi shi har Turai a 1855, ya taimaka wajen rubuta Hausa da boko. Shinkafar daji, kakar shinkafarmu ta Afirka, ana kiran ta Oryza barthii. Ta ɗauki sunan Barth, ba ta ɗauki na Dorugu ba. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Saboda irin wannan ne wasu ke cewa a goge sunayen. Maganarsu ba ta banza ba ce. A 2023 ƙungiyar masanan tsuntsaye ta Amurka ta ce za ta canza sunayen Ingilishi na tsuntsayen da ke ɗauke da sunan mutane, amma ba ta taɓa na Latinanci ba. A 2024 masanan tsirrai na duniya sunka taru a Madrid, sunka yarda a gyara sunaye fiye da 200 da ke ƙunshe da wata kalmar zagin baƙar fata, ta koma afra, wato na Afirka. Sun yi daidai. Zagi zagi ne, ko da wane yare anka yi shi. A shekarar nan kuma anka canza sunayen wasu tituna a Yamai. Wani zai ce, in an canza ma titi, me zai hana a canza ma gawo?

Ga abin da zai hana. Titi namu ne mu kaɗai, in mun sauya allo magana ta ƙare. Gawo kuwa yana tsiro daga Senegal har Habasha, har kudancin Afirka. Abin da anka rubuta bisa takin da yake ba gona, da cututtukanshi, da yadda ake shuka shi, an ɗaure shi ne da wannan suna. Ɗalibin aikin gona da ke son ya karanta abin da anka gano a Malawi ko Zambiya, da sunan nan zai nema. Suna linzami ne, in an tsinke shi doki ya ɓace. Kuma in kowace ƙasa ta goge wanda ba ta so, za mu koma ruɗanin da Linne ya tarar. Banda haka, goge suna ba ya goge abin da ya faru. In Faidherbia na nan, kowace shekara malami zai samu dalilin gaya ma yara wane ne Faidherbe da abin da ya aikata.

Gyaran da nike gani yana gaba. Ku dubi ƙasusuwan manyan dabbobin da, waɗanda ake haƙowa a jihar Agadas. A 1999 anka raɗa ma ɗaya Nigersaurus taqueti. Kalmar farko ƙasarmu ce, ta biyu Taquet, Bafaranshen da ya yi shekaru yana bincike a Gadufawa. A shekarar kuma anka raɗa ma wata Jobaria tiguidensis. Jobar wata halitta ce cikin labaran Abzinawa, Tigidi kuwa dutsen da ke wajen Ingal. Kun ga ƙofa buɗe take. Dokar raɗin suna ba ta ce sai Bature ba. Ta ce wanda ya fara bayyanawa a rubuce. Har yau ana samun ƙwari da ciyayi da kifayen da ba su da suna a littafi. In ɗayanku ya yi karatu mai zurfi, ya gano sabon tsiro a fadamar garinsu, yana da ikon ya sa mashi sunan tsohuwar da ta koya mashi magani.

Kafin ranar nan ta zo, ga aikin da kowane aji zai iya yi ba tare da kashe ko dala ba. Ku ware kaye guda. Kowane shafi icce guda. Ku manna busasshen ganye, ku rubuta sunan Hausa da manyan baƙaƙe a sama, sa'an nan na Faransanci, sa'an nan na Latinanci. Ku rubuta amfaninshi, da lokacin da yake fure. A ƙasan shafi ku sa sunan wanda ya ba ku labari, da garinsu, da ranar da kunka tambaye shi. Wannan layi na ƙarshe shi ne wanda matafiyan da sunka bari babu komi. Ku kada ku bar shi.

In an tambaye ku ran jarrabawa, ku rubuta Faidherbia albida ba kuskure. In kun koma gona, ku ce gawo, ku kuma hana a sare shi. Allah shi ba ku basira.