Daga Habre zuwa Jammeh: wa zai bi kadin jinin talaka?

Duk lokacin da aka ambaci kotun hukunta manyan laifuka ta duniya, wato ICC, a majalisun hira na Nima ko na zangon Kumasi, amsar kusan ɗaya ce: kotun Turawa ce, baƙar fata kaɗai take iya kamawa. Da Mali da Burkina Faso da Nijar suka sanar a watan Satumban 2025 cewa za su fice daga cikinta, da yawa daga cikin masu karatunmu sun tafa. Ni ban ga laifin masu tafin ba, amma ina da tambaya gare su. In mun bar wannan kotu, wace kotu muka tanadar wa talakan da shugaban ƙasa ya kashe masa ɗa?

Bari mu fara ba masu ƙorafi gaskiyarsu. Tun da kotun ta fara aiki a birnin Hague a 2002, duk wanda ta samu da laifin yaƙi ko laifin cin zarafin bil'adama ɗan Afirka ne. Amurka da Rasha da Sin ba su cikin kotun, amma suna zaune a Kwamitin Sulhu na Majalisar Ɗinkin Duniya, wanda ya miƙa mata batun Darfur a 2005 da na Libiya a 2011. Wato wanda ya ƙi shiga gaban alƙali shi ne ke tura wasu. Da Fatou Bensouda 'yar Gambiya, lokacin tana babbar mai gabatar da ƙara, ta waiwayi abin da sojojin Amurka suka yi a Afganistan, sai Amurka ta ƙaƙaba mata takunkumi a 2020. Laurent Gbagbo ya shafe fiye da shekara bakwai a tsare kafin a wanke shi a 2019. Sammacin da aka fitar kan Vladimir Putin a 2023 da na Benjamin Netanyahu a 2024 ba su kai ko ɗayansu gaban alƙali ba. Wanda ya ce ma'aunin a karkace yake, bai yi ƙarya ba.

To amma akwai rabin labarin da ba a cika faɗa ba. Gwamnatocin Uganda da Kwango da Afirka ta Tsakiya da Mali su da kansu suka gayyaci kotun, galibi don ta kama musu 'yan tawaye. Murya ba ta tashi ba sai da sammaci ya fara taɓa masu mulki, irin su Umar al-Bashir a 2009 da Uhuru Kenyatta. Sannan a 2014, a taron Malabo, shugabannin Afirka suka amince da yarjejeniyar ba kotun nahiyar ikon hukunta manyan laifuka, amma suka saka sharaɗin cewa ba za a tuhumi shugaba mai ci ko manyan jami'ansa ba muddin suna kan kujera. Ka ga ke nan an gina wa kura turke, an kuma ba ta wuƙar yanke igiya. Ko hakan ma, yarjejeniyar ba ta samu adadin ƙasashen da za su sa ta fara aiki ba.

Shi ya sa nake so mu koma kan shari'a guda da Afirka ta yi da hannunta, don a cikinta akwai abin alfahari, akwai kuma abin kunya.

Hissène Habré ya mulki Chadi daga 1982 zuwa ƙarshen 1990, Amurka da Faransa na mara masa baya saboda yana yaƙar Gaddafi. Yana da 'yan sandan ciki da ake kira DDS, masu karɓar umarni daga gare shi kai tsaye. An murƙushe mutanen kudu a 1984, aka juya kan ƙabilar Hajarai a 1987, sannan Zagawa a 1989. A Njamena an rufe wani tsohon wurin wanka na Turawa da siminti, aka mayar da shi kurkukun ƙarƙashin ƙasa. Kwamitin binciken da gwamnatin Chadi ta kafa ya ƙiyasta a 1992 cewa mutum kusan 40,000 aka kashe. Da Idriss Déby ya kore shi, Habré ya bi ta Kamaru ya sauka a Dakar, ya zauna cikin daraja, ya yi abokai a cikin manyan gari.

Waɗanda suka taso shi gaba ba wata babbar ƙasa ba ce. Souleymane Guengueng ma'aikacin lissafi ne da ya kusa mutuwa a kurkuku, ya yi alkawarin in Allah ya fitar da shi da rai zai nemi hakki. Ya fito, ya dinga bi gida-gida yana rubuta bayanan ɗaruruwan mutane yana ɓoyewa. Clément Abaifouta ɗalibi ne da aka tilasta wa binne 'yan uwansa fursunoni. Lauyarsu Jacqueline Moudeina an jefa mata gurneti a Njamena a 2001, ta ji rauni, ba ta fasa ba. A wannan shekarar ce masu bincike na ƙungiyar Human Rights Watch suka tarar da takardun DDS a watse a tsohuwar hedikwatarta, ɗauke da sunayen mutum 1,208 da aka kashe ko suka mutu a tsare.

Dubi tsawon tafiyar. An shigar da ƙara a Dakar a farkon 2000, alƙali ya tuhumi Habré, amma manyan kotunan Senegal suka ce ba su da hurumi. Masu ƙara suka nufi Beljiyam, wadda ta fitar da sammaci a 2005. A 2006 Tarayyar Afirka ta ce Senegal ta yi masa shari'a da sunan Afirka, sai gwamnatin Abdoulaye Wade ta shiga jan ƙafa, yau maganar kuɗi, gobe maganar doka. Sai a watan Yulin 2012 Kotun Duniya ta umarci Senegal ta gurfanar da shi ba tare da ɓata lokaci ba ko ta miƙa shi. A lokacin Macky Sall ya hau mulki, aka kafa kotu ta musamman tare da Tarayyar Afirka a cikin tsarin shari'ar Senegal. An buɗe zama ranar 20 ga Yulin 2015. Habré ya ƙi amincewa da kotun, sai da aka shigo da shi da ƙarfi, ya naɗe fuska da rawani ya yi gum. Shaidu fiye da 90 suka yi magana, ciki har da matan da suka faɗi a bainar jama'a abin da aka yi musu, abin da mace a al'adarmu kan mutu da shi a ciki. Ranar 30 ga Mayun 2016, alƙali Gberdao Gustave Kam ɗan Burkina Faso ya yanke masa ɗaurin rai da rai, kotun ɗaukaka ƙara ta tabbatar a Afrilun 2017. Habré ya rasu a Dakar a watan Agustan 2021 yana ɗaurarre.

Wannan shi ne karon farko da kotun wata ƙasa ta hukunta tsohon shugaban wata ƙasar Afirka kan irin waɗannan laifuka. Alƙalan 'yan Afirka ne, a ƙasar Afirka aka zauna, kuma kuɗin da aka kashe bai kai abin da Hague ke kashewa a wata ɗaya ko biyu ba. Duk mai cewa ba mu iyawa, ga amsarsa.

Ga kuma abin kunyar. Kotu ta yanke diyyar sefa biliyan 82 ga mutum 7,396, aka ɗora wa wani asusun Tarayyar Afirka alhakin nemo kuɗin. Wata kotu a Njamena ta riga ta yanke sefa biliyan 75 a 2015, rabi a kan gwamnatin Chadi. Shekaru suka wuce ba a ga komai ba, ɗaruruwan masu hakki suka mutu suna jira. Sai a 2024 gwamnatin Chadi ta fara raba sefa biliyan 10, kowa ya tashi da abin da bai kai miliyan ɗaya ba. Shekara 25 kafin a shiga kotu, kusan goma kuma kafin a ga ɗan abin sakawa a aljihu. Mahaƙurci mawadaci, haka ne, amma ba kowa Allah ya ba tsawon ran da zai ga ranar ba.

Me ya kawo wannan tarihi a shafinmu? Saboda mu ma a nan Ghana muna bin bashin jini. A watan Yulin 2005 jami'an tsaron Gambiya suka kama wasu matasa 'yan ci-rani fiye da 50 da ke neman hanyar Turai ta teku, aka ɗauke su a matsayin sojojin haya. An kashe kusan dukkansu, kimanin 44 daga cikinsu 'yan Ghana ne, sauran daga Najeriya da Senegal da Togo da wasu ƙasashe. Martin Kyere ya tsira ne da ya diro daga motar da ke kai su daji. A 2009 aka rufe maganar da cewa wasu ɓata-gari ne a cikin jami'an tsaro suka yi aika-aikar, Gambiya ta ba da dala 500,000, aka dawo da gawa shida. Amma a 2019, a gaban hukumar gaskiya da sulhu ta Gambiya, wasu daga cikin 'yan kisan da ake kira Junglers suka faɗa da bakinsu cewa umarnin daga Yahya Jammeh ya fito. Hukumar ta ba da shawarar a gurfanar da shi, gwamnatin Adama Barrow ta amince a 2022, kuma a Disamban 2024 ƙungiyar ECOWAS ta yarda a kafa kotu ta musamman. Shi kuwa Jammeh yana zaune a Ikwatoriyal Gini tun 2017, ƙasar da ba ta cikin ICC, ba ta kuma cikin ECOWAS.

Abin lura, kotunan Turawa sun ɗaure wasu daga cikin mutanensa. Jamus ta yanke wa direban 'yan kisan, Bai Lowe, ɗaurin rai da rai a 2023. Suwizalan ta ɗaure tsohon ministan cikin gida Ousman Sonko shekara 20 a 2024. Muna zagin kotunan Turawa, su kuma suna yi mana aikin da muka kasa. Ina mutuncin yake a nan?

Akwai wata magana da nakan ji a tsakaninmu, kuma dole in faɗe ta ko za ta yi ɗaci. Wasu na cewa ai Jammeh Musulmi ne, ba ya rabuwa da carbi da Alƙur'ani a hannu, shi ne ya ayyana Gambiya jamhuriyar Musulunci a 2015, don haka Turawa suka tsane shi. An yi irin wannan kariyar ga Habré, an yi wa al-Bashir. Jama'a, mu ji tsoron Allah. Hajarai da Zagawan da aka kashe a Chadi masu salla ne. Mutanen Darfur da aka ƙona wa ƙauyuka masu salla ne. Ɗan jarida Deyda Hydara da aka harbe a Gambiya a 2004 Musulmi ne, haka limaman da aka tsare aka azabtar a zamanin Jammeh. Ko da ma ba Musulmi ba ne, ran ɗan Adam ba shi da arha a addininmu. Rawani da carbi ba sa wanke jini. Kuma mu da muke tsiraru a ƙasashen da muke zaune, mu ne ya fi kamata mu riƙe doka da hannu biyu, don ranar da mai iko ya ga dama ya taka wani, mara gata yake fara takawa. Samarin da aka kashe a dajin nan irin samarinmu ne, waɗanda har gobe ke barin zango suna bin Agadas da Libiya don neman abin rufin asiri.

Na san masu cewa gurfanar da tsofaffin shugabanni zai sa na kan mulki su ƙi sauka. Maganar tana da ƙamshin gaskiya, don alkawarin mafaka ne ya taimaka Charles Taylor ya bar Laberiya a 2003, shi ma Jammeh da irinsa ya fita. Amma Taylor ya ƙare da ɗaurin shekara 50 a 2012, Laberiya da Saliyo ba su koma yaƙi ba. Abin da ya fi haɗari shi ne darasin da Gini ta koyar: kotun ƙasar ta ɗaure Moussa Dadis Camara shekara 20 a Yulin 2024 kan kisan fiye da mutum 150 a filin wasa na Konakiri a 2009, watanni takwas bayan haka shugaban mulkin soja ya yi masa afuwa. Duk wani mai bindiga da ya ga haka ya san lissafin da zai yi.

Saboda haka ga abin da muke nema. Gwamnatin Ghana ta daina ɗaukar batun mutum 44 a matsayin tsohon zance. Ta sa kuɗi da lauyoyi da masu bincike a kotun da ECOWAS ta amince a kafa, ta kuma fito fili ta nemi Ikwatoriyal Gini ta miƙa Jammeh, ta nemi Najeriya da Senegal su sa baki tunda su ma an kashe nasu. A tanadi kuɗin diyya tun kafin a fara zama, kada a maimaita abin da aka yi wa mutanen Chadi. Tarayyar Afirka ta cire rigar kariyar da ta ɗinka wa shugabanni a Malabo, in har da gaske take tana son kotun kanta. Ƙasashen da suka ce za su bar Hague kuma su nuna mana inda mai ƙara zai je, da alƙalin da soja ba zai iya tsige shi da sanarwar rediyo ba.

Mu kuma, sarakunan zango da limamai da 'yan majalisar da muka zaɓa, mu riƙa tambaya. In ɗan takara ya zo neman ƙuri'a, bayan maganar kwata da makaranta, a tambaye shi ina aka kwana kan yaran da aka kashe a Gambiya. Iyayensu da yawa sun tsufa, wasu sun riga mu gidan gaskiya, ba su ga ko kabarin 'ya'yansu ba. Guengueng da abokansa ba su da soja ko baitulmali, naci kawai suke da shi, kuma ya kai su. Ghana tana da abin da ya fi haka, saura niyya.