Kabewa ma ta isa ta tarbi baƙo

Kaka ta yi, an yanke hatsi an ɗaure dammuna, an tuge gyaɗa, ana haramar haƙar aya. Kowa ya san abin da ke biyo bayan wannan a ƙasar Hausa: auren da aka ɗaga tun bazara yanzu za a ɗaura shi, amaren da ke jira yanzu za su tare, filayen kokowa za su cika, kuma ma'aikacin da ke zaune a birni zai ga ƴan'uwa daga ƙauye sun yi masa sallama. To, a wannan mako muna so mu yi magana a kan abin da ake ajewa gaban baƙo a irin waɗannan tarurruka, mu kuma kawo wata hanya ta sarrafa kabewa wadda za ta fid da mai gida kunya ba tare da ta jefa shi cikin bashi ba.

Duk wanda ya bi babbar hanyar da ta taso daga Gidan Rumji ta ratsa Maraɗi, ta bi ta Cadawa da Agye har Gazawa, a watannin Oktoba da Nuwamba, zai ga kabewa jibge a kasuwanni, wata kuma tana kwance bisa rufin bukkoki da danga, inda ta yi yaɗo tun damina. Ba ta cin wa manomi wani babban fili. Ana jefa ƴaƴanta bayan gida ko gefen gona idan ruwa ya sauka, cikin wata uku zuwa huɗu ta nuna. Mutanen da ke bakin Gulbin Maraɗi, wajen Tibiri da Gidan Rumji, da na kwarin Gulbin Kaba a ƙasar Gazawa da Agye, sun san ta tun kaka da kakanni. Amma fa duk da wannan sabo, matsayinta a gidajenmu bai wuce tukunyar miyar taushe da fate ba. Ranar biki kuwa ba a ko tuna ta. Sai a aika kanti a sayo katan-katan na biskit da lemun kwalba da alewar waje, don kada a ce mai gida ya gaza.

Wannan ɗabi'a tana da tsada, kuma mun sha ganin tsadarta. Ranar 12 ga Janairun 1994 aka karya darajar kuɗin sefa da rabi, tamma guda ta Faransa da ake canzawa a kan sefa 50 ta koma 100, kayan kanti suka yi tashin gwauron zabo. A watan Agustan 2019 Nijeriya ta rufe iyakokinta na ƙasa, ba ta buɗe ba sai Disambar 2020. Daga ƙarshen Yulin 2023 kuma aka sake rufe iyakar har zuwa Maris na 2024. A kowane karo ƴan kasuwar jahar Maraɗi ne suka fara ji a jikinsu, sannan ma'aikacin da albashinsa ba ya ƙaruwa don kaya sun hau. Alkamar da ake yin biskit da ita, da mafi yawan sukarin da muke sha, daga waje suke shigowa. Kabewa da gyaɗa da aya da nono kuwa ba su ratsa shingen duwan kafin su iso mana. Hausawa sun ce guntun gatarinka ya fi sari ka ba ni.

Abin mamaki shi ne, a ƙasashen da muke kwaikwayo wajen kayan kanti, kabewa ita ce sarauniyar kaka. Asalinta ma daga nahiyar Amurka ne. Masu binciken tarihi sun samu ƴaƴanta a wani kogo na ƙasar Meziko waɗanda suka kai shekara dubu 10, kuma sai bayan da jiragen ruwan Turawa suka fara zirga-zirga tsakanin nahiyoyi, daga ƙarni na 16, ta bazu zuwa Afirka da sauran duniya. A Amurka, daga ƙarshen Oktoba har bikinsu na godiya da ake yi ranar Alhamis ta huɗu ta watan Nuwamba, da wuya a shiga taro ba a ga kabewa ba. Daga cikin abin da suke yi da ita akwai wani haɗi mai kauri mai zaƙi: su dama dafaffiyar kabewa da cuku mai laushi da sukari da kirfa, su zuba a kwano tsakiyar tebur, kowa ya riƙa dangwala biskit ko yankan tufa. Mu ba mu da buƙatar cukunsu ko biskit ɗinsu. Dangwala ba baƙuwar al'ada ba ce gare mu, tun da masa da miyar taushe muke ci, tsire kuma da yaji. Abin da za mu ara shi ne tunanin kawai, kayan haɗi kuwa namu sun wadatar.

Ga yadda ake yi, a ma'aunin da zai ishi mutum 12 zuwa 15.

Da farko a zaɓi kabewa. A nemi wadda ta ƙosa a jikin uwarta, mai tauri da farce ba ya huda ɓawonta, mai nauyi a hannu, wadda idan an ƙwanƙwasa ta take amsawa. Idan yanki za a saya, a dubi launin tsokar: wadda ta yi ja sosai kamar manja ta fi zaƙi, ta kuma fi amfani ga jiki. A fere, a cire ƴaƴa da zaren ciki, a yanka gutsi-gutsi har a samu kilo 1. Kada a zubar da ƴaƴan. A wanke su a shanya, wasu a soya wa yara da ɗan gishiri, wasu a ajiye na iri.

Na biyu, a turara ta a madambaci kamar minti 20 zuwa 25, har cokali ya shige ta ba da wahala ba. Kada a tsunduma ta cikin ruwa a dafa. Dalili kuwa, kashi 90 cikin 100 na nauyin kabewa ruwa ne. Idan aka ƙara mata wani, sai haɗin ya tsinke ya zama kunu, zaƙin kuma ya tafi cikin ruwan da za a zubar. Idan ta yi laushi a murƙushe ta da ludayi ko a kirɓa a turmi mai tsabta, a tace da rariya don zare ya fita.

Na uku, a mayar da ita tukunya bisa wuta kaɗan, ana tuƙawa da muciya kamar minti 10, har ruwanta ya tsane, ta fara barin jikin tukunya. A nan ne ake zuba cokali 4 manya na niƙaƙƙiyar soyayyar gyaɗa wadda ba a matse mata mai ba, wadda wasu ke kira tigadege. Sai a sa garin citta rabin ƙaramin cokali, da kanumfari ƙwaya 3 dakakku, da kirfa kaɗan in akwai, da ɗan gishiri gwargwadon abin da yatsu biyu za su ɗauka. Gishirin nan kada a raina shi, shi ke fito da zaƙin kabewa. Wajen zaƙi kowa da ƙarfinsa: sukari cokali 5, ko mazarƙwaila da aka narkar, ko dabino 10 da aka jiƙa aka cire ƙwallo aka daka, ko zuma cokali 4. In zuma ce, a bari sai an sauke tukunya, don wuta tana kashe ƙamshinta.

Na huɗu, a bar shi ya huce sarai, sannan a zuba kindirmo mai kauri ludayi guda, a burge da maburgi har ya haɗe ya yi santsi, a matsa rabin lemun tsami. In aka zuba nono cikin abu mai zafi tsinkewa zai yi. Wanda ba ya shan nono, ko bai amince da tsabtar wanda ya samu ba, sai ya jiƙa aya ya niƙa ya tace da kauri ya zuba madadinsa. Mutanen Agye da Cadawa ba sai an koya masu wannan ba, tun da ƙasarsu na cikin inda aka fi noma aya a Nijar. Alamar haɗi ya yi kyau ita ce, idan aka tsoma masa aka ɗaga, ya kama ta bai ɗiga ba.

Abin dangwalawa kuwa yana da yawa: masa, funkaso, soyayyen dankali wanda shi ma yanzu ne lokacinsa, ƙuli-ƙuli mai tsawo, ko burodin da aka yanka aka ɗan gasa. A zuba haɗin a ƙananan kwanoni, kowane rukunin baƙi da nasu, a barbaɗa soyayyen riɗi a sama.

Akwai gargaɗi guda huɗu da ba za mu tsallake ba. Abin da aka sa wa nono ko ruwan aya ba ya jure zafi. Kada ya wuce awa 2 a waje. Mai firigo yana iya ajiye shi kwana 2 a rufe, wanda ba ya da shi kuwa ya dafa kabewar da niƙaƙƙiyar gyaɗar tun da safe, ya bar zuba nonon sai baƙi sun zauna. Sannan a tsince gyaɗa kafin a soya, duk wadda ta yi fumfuna ko ta yi ɗaci a zubar, don tana ɗauke da gubar da ke lahanta hanta, kuma wuta ba ta kashe ta. Haka nan ba a ba jaririn da bai cika shekara guda ba zuma, ko kaɗan. Daga ƙarshe, mai ciwon sukari a ɗebar masa nasa kafin a sa zaƙi, kuma ya ci daidai gwargwado.

Wani zai ce, wannan duk kwaɗayi ne. To, bari mu dubi fannin lafiya. Jan launin nan na kabewa wani sinadari ne da jiki ke mayarwa bitamin A. Rashin wannan bitamin shi ke kawo dundumi, yaro ya kasa gani da zarar magariba ta yi, yana kuma raunana jiki har ƙyanda ko zawo su kayar da yaro cikin sauƙi. Matsalar ta kai girman da tun 1997 ƙasarmu ta fara haɗa rabon ƙwayar bitamin A da ranakun rigakafin shan inna. Jahar Maraɗi kuma ba ta manta da 2005 ba, shekarar da cibiyoyin kula da yara masu tamowa suka cika maƙil, alhali ita ce jahar da ake kira rumbun ƙasa. Abin lura a nan shi ne, sinadarin na kabewa ba ya shiga jiki sosai sai da maiƙo. Ke nan gyaɗar da muka zuba ba don daɗi kaɗai ba ce, ita ke buɗe masa hanya. Iyayenmu mata da suka haɗa kabewa da gyaɗa a miyar taushe sun riga likitoci gano wannan. Haɗin da muka kawo ba ya maye gurbin ƙwayar da ake rabawa a asibiti, amma yaron da ke ture miya ba zai ture abu mai zaƙi ba.

Me ya sa muke faɗa wa ƴan kasuwa da ma'aikata wannan magana, ba manoma ba? Saboda ku ake kallo. Abin da Hajiya ta fitar ranar sunan jikanta, shi maƙwabta za su fitar ranar nasu. Abin da aka ajiye gaban baƙi a gidan mushe ko na shugaban ma'aikata, shi ake ɗauka abin wayewa. Da haka biskit ya shiga ƙauye, har talaka ya riƙa sayar da tiyoyin hatsi a lokacin da hatsi ya fi araha don ya sayi abin da ba ya ƙosar da kowa, sannan damina ta zo ya sayi hatsin nan da tsada. Idan masu hali suka ɗaga darajar kabewa, mai ƙaramin ƙarfi zai samu inuwar da zai fake, ya yi bikinsa da abin da ke bayan ɗakinsa ba wanda zai yi masa gori.

Ga ɗan kasuwa kuma akwai lissafi. Kabewa ba tumatir ba ce da ke ruɓewa cikin kwana uku. Idan an cire ta da guntun hannunta, ba a ƙuje ta ba, aka bar ta ta sha iska kamar kwana 10 don ɓawon ya ƙara tauri, sannan aka jera ta a inuwa bisa katako ko kara, ba a ƙasa mai laima ba, tana yin watanni lafiya lau. Wanda ya saya lokacin da ta yi yawa ya adana da kyau, zai sayar da ita lokacin da ta yi wuya. Sai dai a riƙa dubawa kowane mako, a ware wadda ta fara laushi kafin ta shafi ƴan'uwanta. Masu tuyar masa a tashoshin mota na Gazawa da Agye da Gidan Rumji su ma suna iya gwada ɗan kwano guda kusa da na miya, su ga abin da matafiya za su ce. Kuɗin da aka kashe a wannan haɗi yana zagayawa ne tsakanin mai kabewa da mai gyaɗa da Bafillatana mai nono, duk ƴan gida.

Ba mu ce a kori lemun kwalba daga biki ba. Mai hali ya saya, Allah ya ƙara buɗi. Roƙonmu shi ne, a bikin farko da za a yi a gidanku cikin wannan kaka, a ba kabewa kwano guda a tsakiyar tabarma, a kuma fara ba yara. Uwargida ta gwada da rabin kilo tukuna, ta daidaita zaƙi da kauri yadda mutanen gidanta ke so, kafin ranar taro. Allah ya sa albarka a abin da aka noma, ya ba ma'aurata zaman lafiya, ya raya abin da aka haifa. Sai mako mai zuwa, in Allah ya kai mu.