Takardar Shaida da Ƙwarewar Malami a Gaban Kotu

Manufar Ilimi ta Ƙasa ta ajiye NCE a matsayin mafi ƙarancin takardar shaidar da za a ɗauki mutum aikin koyarwa da ita a Nijeriya. Haka kuma dokar 1993 ta kafa Hukumar Rajistar Malamai, wato TRCN, domin tantance wanda ya cancanci a kira shi malami. Duk da haka, taƙaddama ba ta ƙare ba.

A shekarar 2017 Gwamnatin Jihar Kaduna ta yi wa malaman firamare kimanin 33,000 jarrabawa, ta sanar cewa 21,780 sun kasa samun maki 75 cikin ɗari. Ƙungiyar malamai ta NUT ta garzaya Kotun Ma'aikata ta Ƙasa, bisa hujjar cewa auna malami hurumin TRCN ne, ba na gwamnatin jiha ba. A watan Disamba kotun ta ce a dakata, amma aka ci gaba da sallama, har ƙungiyar ta shiga yajin aiki a Janairun 2018.

Hujjar ƙungiyar abar dubawa ce, kuma bai dace gwamnati ta yi kunnen uwar shegu da umarnin kotu ba. Sai dai akwai wadda ba a kira gaban alƙali ba, alhali ita ta fi cancanta da tuhuma, wato kwalejin da ta sa hannu a takardar. Da a ce NCE tana tabbatar da ƙwarewa, da tambayoyin 'yan aji huɗu ba su kayar da mai riƙe da ita ba.