Shari'ar Da Aka Yanke, Me Ya Sa Muke Tono Ta?

 

Sau uku wani ɗan uwanmu yana kai gwaggona kotu a kan gona ɗaya ta gado. An yanke hukunci, bai ɗaukaka ƙara ba. Sai ya yi shiru, da aka sauya alƙali ya sake shigar da ita sabuwa ful. Kuɗin mota da na lauya suka cinye awakinta. Da na yi masa magana, sai ya ce ai haƙƙi ba ya tsufa, kuma Sayyidina Umar (R.A.) ya umarci Abu Musal Ash'ari da komawa ga gaskiya in ta bayyana.

Ni kuwa na ce wannan magana ce ta gaskiya da ake fakewa da ita don zalunci. Shi Umar ɗin, a mas'alar gadon nan ta Mushtaraka, ya hana shaƙiƙai rabo, daga baya a wata shari'ar ya haɗa su da 'yan uwa na ɗaki a cikin sulusi, amma bai koma ya rushe hukuncin farko ba. Daga irin wannan malamai suka ciro ƙa'idar cewa ijtihadi ba ya warware ijtihadi.

A mazhabarmu ta Malikiyya, kafin alƙali ya yanke hukunci sai ya yi i'izari, wato ya tambayi wanda hukuncin zai hau kansa ko yana da sauran hujja, ya ba shi wa'adi. In ya kasa, sai a yi masa ta'ajizi, ba a ƙara sauraron hujjarsa. Malam Khalil a Mukhtasar ya ware abubuwa 5 kacal: jini, waƙafi, 'yanta bawa, nasaba da saki. Ina gona a cikinsu? Dokar Shaida ta Najeriya ta 2011 ma ta rufe ƙofar maimaita shari'ar da aka gama tsakanin mutane ɗaya a kan abu ɗaya.

Wani zai ce: to in alƙalin ya yi kuskure fa? Hanya a buɗe take. Hukuncin da ya saɓa wa nassi, ko ijma'i, ko ƙiyasi bayyananne, warware shi ake yi, kuma don haka aka kafa Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a. Ɗaukaka ƙara nuna kuskure ne. Yawon kotu-kotu kuwa neman alƙalin da zai faɗi abin da kake so ne.

Ko ka dace da shi, ka tuna hadisin Ummu Salama a Bukhari da Muslim, inda Manzon Allah (S.A.W.) ya nuna cewa wanda aka yanka wa haƙƙin ɗan uwansa saboda iya zance, guntun wuta aka yanka masa.

Allah Ya tsare mu da cin haƙƙin raunana, amin. Wallahu a'alam.