Na'urar Hangen Nesa ta James Webb: Asara ko Jari?

A ranar 25 ga Disamba, 2021, hukumar NASA ta Amurka, tare da takwarorinta na Turai da Kanada, suka harba na'urar hangen nesa ta James Webb zuwa sararin samaniya. Aikin ya ci kimanin dala biliyan 10, har ma a 2011 wani kwamitin majalisar Amurka ya nemi a soke shi. Masu suka na ganin ɓarnar dukiya ce, alhali ga yunwa da cututtuka a doron ƙasa. Kukansu abin sauraro ne, sai dai idan aka duba da kyau, kwalliya ta biya kuɗin sabulu.

Faɗin madubin na'urar mita 6.5 ne, an haɗa shi da ɓangarori 18 da aka shafe da zinariya. Tana can kilomita miliyan 1.5 daga duniya, a bayan wata laima mai shimfiɗa biyar, domin haske mai ɗumi take kamawa, wanda ido ba ya gani, kuma zafin rana yana dusashe shi. Wannan nisa na cikin dalilan tsadar. Na'urar Hubble da ta gabace ta, 'yan sama-jannati sun je sun gyara ta a 1993. Webb kuwa ta yi musu nisa, tilas aka gwada komai tun a ƙasa.

Ribar da aka samu ita ce ilimi. Tun daga Yulin 2022 take aiko da hotunan tarin taurari, waɗansu haskensu ya shafe sama da shekara biliyan 13 a hanya. Hotunan nan kyauta suke a intanet, saboda haka malamin firamare ma yana iya nuna wa ɗalibansa su a darasin kimiyya.