Banɗaki mai rimot: Abin da magidantan Gwandu da Kalgo za su duba kafin su saya

Duk mai ginin gida a Kalgo ko Gwandu ya san yanzu banɗaki ya zama wurin nuna isa. Bayan tayil da kwanon zama, sai ga hotunan wani sabon samfuri sun cika wayoyi: murfinsa na buɗewa da kansa, ya fesa ruwan tsarki, ya busar da iska mai ɗumi, sannan ya kora da kansa, duk da rimot.

Abin ba sabo ba ne a duniya. Kamfanin TOTO na Japan ya fito da nasa mai suna Washlet tun 1980, kuma yau mafi yawan gidajen ƙasar suna da irinsa. Babban abin da ake yabonsa a kai shi ne tsarki da ruwa, aikin da buta ta daɗe tana yi a gidan Bahaushe. Yana da amfani na gaske ga tsofaffi, da masu shanyewar ɓarin jiki, da matan da suka haihu ta hanyar tiyata.

Sai dai kwanon shi ne abu na ƙarshe da ya kamata a saya. Banɗakin nan bai aiki sai da ruwa, da wuta, da rami mai kyau, kuma a nan ne kuɗin mai gida ya kamata su fara tafiya.

A fara da ruwa. Kwanon zamani kan ci kusan lita 6 a kowane kori. Gidan mutum 10, idan kowa ya kora sau huɗu a rana, lita 240 ke nan, wato kusan jarka 10 mai lita 25, ban da wanka da wanki da girki. Gidan da ke jiran ɗan garuwa ba zai jure wannan ba. Haka kuma samfurin da ba shi da tanki a jikinsa yana buƙatar ruwa mai ƙarfi, kuma tankin da aka ɗora kan ƙarfe mai mita uku ko huɗu sau da yawa bai ba da ƙarfin, sai an ƙara injin tura ruwa. Gara a zaɓi mai tanki a jiki, wanda kuma ake iya korawa da hannu in babu wuta. Ruwan burtsatse kan zo da yashi, bakin fesa ruwan kuwa ƙaramin rami ne, don haka dole a sa matata a bututun kafin ruwan ya shiga.

Sai wuta. Samfurin da ke ɗumama ruwa nan take kan ja fiye da wat 1,000, abin da ƙaramar inbata ba ta ɗauka cikin sauƙi. Yadda wutar Kaduna Electric ke zuwa tana ɗaukewa, wani lokaci ta dawo da ƙarfi, ya isa ya ƙona kwamfutar da ke cikinsa in ba a sa na'urar kariya ba. A kuma duba takardarsa: wanda aka ƙera don Japan ko Amurka yana aiki da bolt 100 zuwa 120, na Najeriya kuwa 230 ne. Abu mafi hatsari shi ne ruwa da wuta a ɗaki ɗaya. A yawancin gidaje a banɗakin ake wanka da bokiti, ruwa na fallatsa ko'ina. Dole soket ya kasance sama, mai murfi, da wayar ƙasa da abin katse wuta, kuma ƙwararren mai wayarin ne zai haɗa, ba yaron shago ba.

Na uku shi ne ramin, wanda ba a gani, ba a kuma ɗaukarsa hoto. Kalgo na gefen fadamar gulbin Rima, kuma ambaliyar 2020 ta nuna wa mutanen Kebbi yadda ruwa ke yi idan ya taso. A inda ruwan ƙasa ke kusa, sokawe kan cika da damina, ƙazanta ta dawo cikin gida ko ta tsiyaya zuwa rijiya. Ƙa'idar masu aikin tsafta ita ce rami ya yi nesa da rijiya da aƙalla mita 30, gindinsa kuma ya fi saman ruwan ƙasa da mita ɗaya da rabi. Masu gina ɗakunan haya saboda ɗaliban Jami'ar Tarayya ta Birnin Kebbi, wadda mazauninta na dindindin ke Kalgo, su ne suka fi buƙatar jin wannan, domin a ƙaramin fili ake cusa burtsatse da sokawe. A tsohon garin Gwandu kuwa, a tambayi kai tun kafin haƙa: motar kwashe masai za ta iya shiga lungun? Ramin da ya gurɓata rijiyar maƙwabci amai da gudawa yake jawo wa unguwa, komai tsadar kwanon da ke kansa.

Wanda ya cika waɗannan ya saya, kulawar ba ta da wuya. A cire wuta kafin gogewa. A yi amfani da tsumma mai laushi da sabulu marar ƙarfi, ban da asid da soson ƙarfe. Kada a watsa masa ruwa. A wanke matata da bakin fesawa lokaci-lokaci. Ban da jefa leda, ko kunzugun yara, ko audugar mata. Kafin a biya kuɗi kuma a tambayi mai shago: wa zai gyara, kuma ina ake samun kayan gyaran?

Wanda bai cika ba, babu abin kunya. Kwano na tsugunne ko na zama tare da ƙaramar mesar tsarki yana yin rabin aikin ba tare da lantarki ba. Akwai kuma kwanon roba na SATO da ake ɗorawa kan masai, mai murfin da ke rufe kansa ya tare wari da ƙuda, wanda ƙasa da lita ɗaya ke korawa.

Binciken gwamnati da UNICEF na 2021 ya nuna 'yan Najeriya kusan miliyan 48 na bahaya a fili. A Nuwamban 2019 Shugaba Muhammadu Buhari ya sa hannu kan dokar kawo ƙarshen hakan, kuma a 2022 Jigawa ta zama jiha ta farko da aka tabbatar ta rabu da ɗabi'ar. Ba da rimot ta kai nan ba, da masai mai murfi a gida-gida ta kai. Mai halin da ke shirin kashe kuɗi kan kwano ɗaya a ɗakinsa, ya fara leƙa makewayin matansa da na yara, da na makarantar allon ƙofar gidansa. In waɗannan sun gyaru, ya sayi mai rimot ɗin da sauran canjin.