Masu Gidajen Kallo, Ku Tuna Da Mu 'Yan Ƙwallon Kwando

Malam Edita,

Ka ba ni fili in kai kukana ga masu gidajen kallo. Kullum ƙwallon ƙafa, sai ka ce babu wani wasa a duniya. Mu masoya gasar NBA ta Amurka an bar mu da guntayen bidiyo na minti biyu a Facebook, waɗanda ba sa kashe ƙishirwa.

Cikakken wasa minti 48 ne, zango huɗu, amma da tsaye-tsaye yakan haura awa biyu. Ga matsalar lokaci: wasan ƙarfe 7 na yamma a New York, ƙarfe 1 na dare ne a nan lokacin hunturu. Wa zai kwana ido biyu, ga asuba, ga kasuwa?

Tashar ESPN a DStv tana nuna wasu. Manhajar NBA League Pass kuwa tana ajiye wasanni, ka kalla da rana. Sai dai ta kuɗi ce, kuma tana shan data kamar rairayi da ruwa.

Don Allah, masu gidajen kallo, ku ware mana ko da safiyar Asabar, ku maimaita wasan daren jiya. Za mu biya.

Naku,
Mai karatu daga Zariya